Littattafan tarihin bauta: ina namu na Zazzau da Hausa?

Malamin Tudun Wada:
Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Wani abu ne ya tsaya mini a rai tun ranar Talata. Ina koya wa 'yan aji biyar cinikin bayi na Tekun Atlantika, na zana musu jirgin ruwa a allo, na nuna yadda ake jera mutane a cikinsa kwance, kafaɗa da kafaɗa, daga gaɓar Afirka har Amurka da Barazil. Yara suka yi tsit. Sai wata yarinya daga layin baya ta ɗaga hannu ta ce, "Malam, mu nan Zariya an yi bauta?" Na ce an yi, sosai ma. Ta ce, "To a wane littafi zan karanta?" Nan na tsaya da alli a hannu. Duk waɗanda suka zo mini a ka da Turanci suke, kuma kuɗin guda ɗaya ya fi ƙarfin uban yarinyar. Na Hausa, Shaihu Umar kaɗai na iya ambata mata. Don Allah masana da ke cikinmu, ku taimaka: waɗanne littattafai ne suka yi maganar bauta a ƙasar Zazzau, kuma me ya sa ba mu rubuta namu da harshenmu ba?

Ɗan Kwarbai:
Wa alaikumus salam Malam. Ni dai a ganina a bar kaza cikin gashinta. Abin da ya wuce sama da shekara ɗari, kowa ya zama ɗaya, an yi auratayya, an cakuɗe. Kowa ya tuna bara bai ji daɗin bana ba. Yanzu a ce a buɗe littafi a ce gidan wane bayin gidan wane ne? Fitina za a tayar kawai.

Baban Samaru:
Malam, ka yi tambaya mai kyau, kuma ka gaishe mini da wannan yarinya. Na yi shekaru ina shiga ɗakin karatu na Kashim Ibrahim, bari in faɗi abin da na riƙe.

Farko ka nemi Baba of Karo na Mary Smith, wanda ya fito a 1954. Tsohuwa ce Bahaushiya da ta zauna a Giwa, ta ba da labarin rayuwarta da bakinta tsakanin ƙarshen 1949 da farkon 1950, matar ta rubuta. Darajar wannan littafi ita ce Baba ba daga nesa ta hango abin ba. Gidansu suna da rinji, wato ƙauyen bayi masu noma, ta tashi tana wasa da 'ya'yan bayinsu. Ta faɗi yadda suke fita gandun ubangidansu da hantsi su tashi da azahar, sannan kowa ya nufi 'yar gayaunarsa. Ta kuma faɗi yadda mahara suka kama matan danginta su kansu, aka yi ta fafutukar haɗa wuri don a fanso su. Ka ga ke nan a zamanin nan mai bawa ma bai kwana da tabbacin gobe ba.

Mijin matar, M. G. Smith, shi ya rubuta Government in Zazzau, 1960, inda ya bi sarautar Zazzau daga 1800 zuwa 1950, har da muƙaman da bayin sarki ke riƙewa. Mutumin Jamaika ne, ƙasar da bauta ta gina, shi ya sa a 1954 ya yi wata maƙala yana gwada yadda bauta da 'yantawa suka kasance a Jamaika da yadda suka kasance a Zariya.

Sai Slow Death for Slavery na Paul Lovejoy da Jan Hogendorn, 1993. Wannan in mutum zai karanta ɗaya tak, shi zan ce ya ɗauka. Su ne suka ƙiyasta cewa lokacin da Turawa suka ci daular Sakkwato akwai bayi tsakanin miliyan 1 da miliyan 2.5 a cikinta. Shi Hogendorn ɗin ya zauna da tsofaffi a nan Zariya, ya fitar da maƙala a 1977 kan rumada biyu, wato ƙauyukan bayi, Biye da Hanwa.

Ɗan Hanwa:
Baba, Hanwa fa ka ce? Hanwar da nake kwana a cikinta? Wallahi shekarata talatin da huɗu, ban taɓa jin wannan ba.

Baban Samaru:
Ita fa, ɗana. Kafin gari ya cimmata, gonaki ne. Ba laifinka ba ne, ba a gaya maka ba ne, kuma maƙalar tana kwance a mujallar da sai ɗalibin jami'a ke ganinta.

Ɗan Kwarbai:
To ai kun gani, duk Turawa ne. Su da suka kwashi mutane miliyoyi a jiragen ruwa su ne za su zo su koya mana tarihin bauta? Kuma bautar gida daban take da ta Amurka. A nan bawa yana cin abin da ubangidansa ya ci, ana yi masa aure, 'ya'yansa cucanawa ba a sayar da su a al'ada. A Kano Shamaki da Ɗan Rimi da Sallama bayin sarki ne, amma wane ɗa ne zai ja da su? Sarakuna nawa ne iyayensu mata ƙwaraƙwarai ne?

Baban Samaru:
Rabin maganarka gaskiya ce, kuma ba na so a yar da ita. Bayin sarki sun riƙe iko, Sean Stilwell ya yi littafi guda kan na Kano a 2004. Ɗan ƙwarƙwara ɗa ne, yana gado, yana sarauta, wanda a Amurka ba haka ba ne. Turawan mulki kuma sun yi amfani da zancen bauta don su halatta cin ƙasa, marigayi Mahmud Tukur na sashen tarihi na nan Samaru ya tone wannan sosai a bincikensa kan mulkin mallaka daga 1897 zuwa 1914. Shelar Lugga ta 1901 ba ta saki bayin da ke hannu ba. Ta hana hari da ciniki, ta ce yaran da aka haifa daga 1 ga Afrilu 1901 'ya'ya ne, amma wanda aka riga aka mallaka sai ya yi murgu, ya tara kuɗi ya fanshi kansa a gaban alƙali. Ba a soke bauta ɗungum a Arewa ba sai 1936. Shekara talatin da biyar suna lallaɓa ta don kada noma ya tsaya, haraji ya karye.

Amma sauran rabin fa? Shamaki mutum ɗaya ne. Waɗanda ke gandu dubbai ne. Kafin mutum ya zama bawan gida da ake yi wa aure, an ƙone garinsu, an raba shi da uwarsa, an sa masa mari a ƙafa, an tsayar da shi a kasuwa dillali yana duba haƙoransa. Barth, matafiyin nan Bajamushe da ya zo Kano a 1851 ya ƙiyasta bayin da ake fitarwa daga can a shekara sun kai wajen 5,000. Waɗannan ba tuwon gidan kowa suka ci ba, wasu Barno da Nufe aka kai su, wasu Sahara suka bi. Kuma ba duka Turawa ne marubutan ba. Mohammed Bashir Salau ya yi littafi kan gandayen Fanisau a 2011, ya ƙara wani kan daular gaba ɗaya a 2018. Matsalar ita ce shi ma da Turanci ne, a waje aka buga.

Maman Ilham:
Assalamu alaikum. Tun ɗazu nake karantawa ina rubutawa ina gogewa. Yaya Ɗan Kwarbai, ka ce kowa ya zama ɗaya. Ka yi haƙuri, ba a zama ɗaya ba.

Shekara shida ke nan, ƙanwata ta samu miji. An kawo kuɗin gaisuwa, an kawo na sa rana, mun sayi gado da katifa, kwanuka suna jere a ɗakin Inna an lulluɓe su da zani saboda ƙura. Saura sati bakwai sai dangin yaron suka aiko wata gwaggonsa da wani dattijo. Suka zauna a zaure suka yi ta kewaye-kewaye, daga ƙarshe suka ce sun yi bincike, "asali bai yi ba". Abin da suke nufi, kakar kakanmu ta wajen uba baiwa ce aka kawo daga kudu. Mahaifinmu bai ce uffan ba, ya shiga ciki ya ƙirgo musu kuɗinsu cif, ya haɗa da akwatunan. Ƙanwata hafiza ce, ta yi digiri a jami'ar ABU, ɓangaren Kongo. Ta yi wata uku ba ta leƙa ƙofar gida ba. Alhamdu lillahi Allah ya musanya mata da wanda ya fi shi, 'ya'yanta biyu yanzu. Amma har yau in ana hira aka ce "ɗan asali" sai in ga ta tashi ta bar wurin.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne mu a gida ba a taɓa gaya mana ba. Baƙi sun san tarihinmu, mu ba mu sani ba. Daga baya na matsa wa kakarmu, ta ce sunan matar da aka sa mata Nagode, sunanta na garinsu kuwa ba wanda ya riƙe. Tana da tsage a ciki da goshi irin wanda ba na Hausawa ba, kuma in tana daka tana wata waƙa da yaren da ba mai ji. Iyakar abin da ya rage mana nata ke nan. To wa ake rufa wa asiri da shirun nan? Mu dai bai rufa mana ba.

Ɗan Kwarbai:
Subhanallahi. Hajiya, ki yi haƙuri, Allah ya sani ban faɗa don in taɓa kowa ba. Wannan zalunci ne ƙarara.

Malamin Tudun Wada:
Allah ya saka miki da alheri Hajiya da kika iya faɗa. Na san ba da sauƙi ba.

Almajirin Kona:
Allah ya ba ku haƙuri Hajiya. Waɗanda suka yi muku haka ba su da madafa a addini. Wanda aka 'yanta ɗa ne, 'ya'yansa 'ya'ya ne. Annabi, sallallahu alaihi wa sallam, shi ya aurar da Zainab bint Jahsh, 'yar gwaggonsa, ga Zaidu bin Harisa wanda 'yantacce ne. Nana Hajara uwar Annabi Isma'ila fa? Waye zai ce asalinsa bai yi ba?

Malam mai tambaya, ina so in ƙara cewa kada a ɗauka littattafan bauta na boko ne kawai. Malamanmu sun rubuta, da Larabci. Ahmad Baba na Tambutu ya yi Mi'irajus Su'ud a 1615, amsa ce ga mutanen Tuwat, can cikin Sahara, da suka tambaye shi hukuncin bayin da ake kai musu daga ƙasashen baƙar fata. Ya ce baƙin fata ba shi ne dalilin bauta ba, ya ƙaryata masu jingina abin ga la'anar Hamu ɗan Annabi Nuhu, ya lissafa ƙasashen Musulmi da bai halatta a mallaki mutanensu ba, irin su Barno da Kano da Katsina da Gobir da Sangai. Shehu Usmanu ma a Wasiƙatu Ahlis Sudan ya ce bautar da ɗa Musulmi haramun ne, kuma yana cikin abubuwan da ya yi wa sarakunan Haɓe inkari a kai. Waɗannan in an fassara su da Hausa an bayyana, za su yi amfani.

'Yar Zonkwa:
Sannunku da hira. Ni a Sabon Gari aka haife ni, amma iyayena daga Zonkwa suke. Allah gafarta Malam, da girmamawa, abin da ka kawo ya kāre Musulmi ne daga bauta. Kakannina fa da ba Musulmi ba? Ai su ne hukuncin ya bar wa ƙofa a buɗe.

Kakana yakan ce shi ya sa tsofaffin garuruwan mutanenmu da yawa suke bisa duwatsu ko cikin kurmi, a kewaye da ƙerana. Ba son dutse ba ne, gudun mahaya ne, da zarar rani ya yi ciyawa ta bushe doki ya samu hanya. Bajju, Atyap, Ham, Adara, Gbagyi, kowa da labarinsa. Wani gari a kai masa hari, wani a ɗora masa haraji ya biya da mutane. Zazzau kuma ta kai nata Sakkwato, har da bayi a ciki. Ku a birni kuna kiransa tarihin yaƙe-yaƙen sarakuna, ana yi musu kirari da shi. Mu a gida sunayen waɗanda aka tafi da su ake faɗa mana.

Ba na cewa wannan ne kaɗai ya jawo rikicin Zangon Kataf na 1992, akwai kasuwa, akwai filaye, akwai siyasa da sarauta. Amma duk wanda ya ce tsohon miki ba ya ciki, bai zauna da tsofaffinmu ba. Moses Ochonu a littafinsa na 2014 ya nuna yadda Turawa suka zo suka ƙara ɗora hakimai daga masarautu a kan al'ummun da ba su taɓa yarda da su ba, miki bisa miki. Maman Ilham, da na karanta zancen tsagen kakarku sai da na ajiye waya. Wa ya sani ko daga wajenmu aka ɗauko ta. Ke kuna neman sunanta, mu can ana neman inda aka kai ta.

Almajirin Kona:
'Yar'uwa, ba zan musa miki ba. Littattafan fiƙihu na wancan zamani sun halatta kama wanda aka yaƙa in babu amana tsakani. Amma ko a cikin wannan hukuncin, abin da aka yi da yawa ya saɓa masa: an kai hari garuruwan da ke da amana, an kama Musulmi an sayar, an mayar da samame sana'a. Malam Abdullahi na Gwandu tun da wuri ya koka da yadda jama'a suka karkata ga tara dukiya da ƙwaraƙwarai da dawaki, har ya bar rundunar ya nufi gabas ya tsaya a Kano. Yau kuwa ƙasashen Musulmi duk sun rufe wannan ƙofa, Saudiyya ta soke bauta a 1962. Abin da aka yi wa kakanninki ciwo ne, ba ni da bakin cewa ba ciwo ba ne.

'Yar Zonkwa:
Na gode Malam. Wannan kalmar ta ƙarshe ita ce ba mu cika ji ba.

Maman Ilham:
'Yar'uwa, kin sa ni kuka. Zan yi miki magana ta gefe, in kwatanta miki tsagen yadda kaka ta kwatanta mini, ko wani tsoho a wajenku zai gane na wane gari ne.

Mai Littattafai na Sabon Gari:
Bari in shigo ta ɓangaren kasuwa, tunda sana'ata ce. Shaihu Umar yana tafiya ne in an sa shi a jarrabawa, in an cire shi sai ya kwanta ƙura ta hau shi. Yara suna haddace sunayen taurari su shiga ɗakin jarrabawa su fito. Alhali ku duba abin da Abubakar Tafawa Ɓalewa ya yi tun 1934, a gasar da Hukumar Fassara ta shirya a nan Zariya: ya ɗauki yaro da aka sace aka ƙetara Sahara da shi, da uwa da ta fita nemansa ita ma aka mayar da ita baiwa, ba ta sake ganinsa ba sai da ƙarfinta ya ƙare. Ni a wajena uwar nan ita ce littafin. Shekara casa'in ke nan, a garin da kamfanin Gaskiya yake, garin da kamfanin buga littattafai na NNPC yake, ba mu ɗora wani babba a kansa ba.

Na Turancin kuwa, gaskiya ba na sarowa. In na kawo ɗaya zai shekara a kanta. Ɗalibai hoto suke ɗauka ko su nema a intanet.

Baban Samaru:
Akwai ma wanda da Hausa aka faɗe shi tun asali, amma Hausawa ba su san shi ba. Dorugu, yaro ne daga ƙasar Damagaram da aka kama aka sayar, Bature Overweg ya 'yanta shi, ya bi Barth har Ingila a 1855. Can ya zauna da wani Bature ɗan mishan, Schön, ya ba shi labarin rayuwarsa da Hausa, aka buga a Magana Hausa a 1885. Ya dawo gida, ya rasu a Kano a 1912. Kirk-Greene da Paul Newman suka fitar da shi da Turanci a 1971. Ku duba fa, bawa Bahaushe ya faɗi yadda aka kama shi da bakinsa, da harshenmu, amma yau sai mai Turanci ke karanta shi. Wannan ba fassara yake buƙata ba, gyaran rubutu kawai zuwa ƙa'idar yau, a buga shi ƙarami mai araha.

Malam, tunda darasinka na Atlantika ne, ka haɗa wa yaran da namu a ciki. Hausawa sun kai Bahiya a Barazil, sun yi tawaye a 1807 da 1809 da 1814, kuma a Janairun 1835, cikin azumi, bayi Musulmi suka yi babban bore a birnin Salbado, mafi yawansu Yarabawa, da Hausawa a ciki, aka samu layu da rubutun Larabci a jikinsu. Baƙuwaƙuwa kuma, mutumin Zugu da ke ƙasar Benin ta yau, uwarsa Bakatsiniya ce, an kai shi Barazil, ya kuɓuta a Niyok a 1847, aka buga labarinsa a 1854. In yara suka ji haka za su gane jirgin da ka zana ba na wasu ba ne can.

Ɗan Hanwa:
Laifi tudu ne. Mun kalli bawan nan Kunta Kinte a fim ɗin Roots mun yi ta tsine wa Turawa, ashe ina kwana a kan rinji.

Ɗan Kwarbai:
Na ji duk abin da aka ce, kuma na janye maganata ta farko cewa an zama ɗaya. Amma tsorona yana nan, kuma ina so a ɗauke shi da muhimmanci. Kun san halin mutanenmu a Facebook. Ranar da aka buga littafi da Hausa aka ce unguwa kaza rinji ce, gidan kaza dimajai ne, wato zuriyar bayi, washegari za a fara gori da shi, a siyasa, a neman aure, a rikicin fili. Abin da ya sami ƙanwar Hajiya zai iya ƙaruwa maimakon ya ragu. Turancin nan da kuke kuka da shi, ta wani gefen shi ya zama murfi.

Maman Ilham:
Yaya, masu gorin ba su jira littafi ba. Gwaggon yaron nan ko sunanta ba ta iya rubutawa, amma ta san kakar kakanmu. Su suna da nasu littafin a ka, suna gadar wa 'ya'yansu. Mu ne ba mu da abin da za mu mayar musu. Da ƙanwata ta tashi ta san cewa matar nan sato ta aka yi tana yarinya, ta rayu, ta haifi mutanen da suka haife mu, da ba ta ɓuya wata uku ba. Kunyar ta wanda ya sato ta ce.

Baban Samaru:
Duk ku biyun kuna da hujja, kuma akwai hanya. Masu bincike suna sakaya sunan gida da na mutum in abin zai cutar da jikoki. Ana iya bayyana yadda gandu ke aiki, mene ne murgu, yaya ake fansa a kotun alƙali, me ya sa mata suka fi yawa a takardun fansar nan da ke gidan adana tarihi na Kaduna, ba tare da an nuna ƙofar gidan kowa ba. Wanda ya so ya faɗi nasa da bakinsa, kamar Hajiya, wannan haƙƙinsa ne. Abin da ke damuna lokaci ne. Waɗanda aka yi hira da su a shekarun 1970 sun ga abin da idonsu, duk sun tafi. Yanzu saura waɗanda suka ji daga bakin waɗanda suka gani, su ma ana ta binne su. Kuma kada a ɗauka zance ne na da can: a 2008 kotun ECOWAS ta kama gwamnatin Nijar da laifin kasa kāre Hadijatou Mani, wadda aka sayar tana 'yar shekara 12. Ƙasar Hausa ce wannan, ba wata duniya ba.

Malamin Tudun Wada:
Na gode ƙwarai, na samu fiye da abin da na zo nema. Ga abin da zan iya da hannuna: zan rubuta shafi goma zuwa goma sha biyu da Hausa mai sauƙi don 'yan ajina, daga Baba ta Karo da Dorugu da dokokin 1901 da 1936, ba sunan gidan kowa. Baba, in ka yarda zan kawo maka ka duba kafin in raba. Allah gafarta Malam, ina roƙon ka rubuto mini sakin layi biyu kan Ahmad Baba da Shehu. 'Yar'uwa ta Zonkwa, ɓangaren kudu ba na so in rubuta shi ni kaɗai daga birni.

'Yar Zonkwa:
Zan je gida ƙarshen wata. Akwai ƙanwar kakana, ta haura tamanin, hankalinta garau. Zan ɗauki muryarta a waya in ta yarda, in fassara maka.

Baban Samaru:
Ka zo ranar Asabar bayan la'asar. Kwafina na Baba of Karo bangonsa ya cire, na ɗaure shi da zare, amma shafukan duk suna nan. Ka taho da jaka, ba na so ruwa ya taɓa shi.

Maman Ilham:
Malam, in ka gama a ba ni kwafi biyu. Ɗaya nawa, ɗaya zan kai wa ƙanwata.